Kuɗin Ƙofa da Jikin Ɗalibi: Lamarin Ƙungiyar Sewanee ta 1899

Ranar Talata, 7 ga Nuwamba 1899, wasu mutum 21 suka sauko daga tsaunin Sewanee da ke jihar Tennessee a kudancin Amurka, suka shiga taragon kwana na jirgin ƙasa da aka yi musu haya. 'Yan wasa 18 ne, sai kocinsu, sai manajansu wanda shi ma ɗalibi ne ɗan shekara 20, sai wani baƙar fata mai suna Cal Burrows da aka ɗauko don ya riƙa yi wa 'yan wasan tausa. Cikin kayansu har da ruwan marmaro da suka ɗebo daga gida a ganga, don gudun kada baƙon ruwa ya ɓata musu ciki a hanya. Kafin su sake ganin tsaunin nan sai da suka yi tafiyar mil 2,500, wato wajen kilomita 4,000, abin da ya haura zuwa Legas daga Kano har sau uku. A cikin kwana shida suka buga wasa biyar a garuruwa biyar, suka cinye duka, suka tara maki 91, ba wanda ya ci su ko maki ɗaya.

Har gobe Amurkawa masu son ƙwallon ƙafarsu ta gida, wadda ta fi kama da zari-ruga, suna yi wa wannan ƙungiya kirari da “mazajen ƙarfe”. Jarumtar gaskiya ce, ba na musun ta. Sai dai wanda ya bi lamarin tun daga tushe zai tarar cewa abin da ya fitar da yaran nan daga gida rigima ce a kan kuɗin ƙofa. Asusun ƙungiya ya tashi ƙafewa, aka nemi abin cike shi, kuma abin da ke hannu kaɗai shi ne ƙarfin jikin ɗalibai.

Makaranta a kan tsauni

Sunanta na hukuma Jami'ar Kudu, amma kowa Sewanee yake ce mata, da sunan wurin. Bishop-bishop na cocin Episcopal daga jihohin Kudu ne suka kafa ta a 1857, kuma wanda ya fi tsaya mata shi ne Leonidas Polk, bishop na Louisiana, mutumin da ya mallaki bayi masu yawa. Burinsu a fili yake: su gina wa 'ya'yan masu gonaki makarantar da za ta hutar da su zuwa Arewa, inda ake sukar bauta. An aza harsashi a 1860, yaƙin basasa ya ɓarke a 1861, Polk ya ajiye rigar coci ya zama janar a rundunar Kudu, aka kashe shi a fagen fama a 1864. Dukiyar da aka yi wa makarantar alkawari ta bi ruwa tare da yaƙin. Da aka buɗe ta a 1868, ɗalibai tara ne kacal da malamai huɗu.

A 1899 ɗaliban sun kai 326, duka maza, duka farare. Wurin kuwa daji ne a kan tudun Cumberland, tsayinsa wajen ƙafa 2,000. Ba birni kusa. Wani ɗan siririn layin dogo da kamfanin haƙar kwal ya shimfiɗa shi ne ke haɗa tsaunin da garin Cowan a ƙasa, inda ake kama babban jirgi. Wannan kaɗaici shi ne mabuɗin duk abin da ya biyo baya, ta fuska biyu.

Fuska ta farko alheri ce ga ƙungiyar. Saboda tsaunin yana da sanyi, iyaye daga Louisiana da Alabama da Mississippi sun fi son 'ya'yansu su yi lokacin zafi a can, nesa da zazzaɓin cizon sauro da cutar shawara da ke addabar ƙasashen kwari. Don haka Sewanee na karatu a watannin zafi, ta ba da dogon hutunta a lokacin hunturu. Yayin da ɗaliban sauran makarantu ke dawowa daga hutu a watan Satumba jiki duk ya saki, na Sewanee sun daɗe suna atisaye tare.

Fuska ta biyu ita ce matsalar. Wasa a kan tsauni ba ya tara jama'a, tunda babu jama'ar. Wanda ba shi da 'yan kallo kuwa ba shi da kuɗin ƙofa.

Irin wasan da ake yi a lokacin

Wanda ya saba ganin wasan a talabijin yau, da hulunan kwano da sulken kafaɗa da ƙwallo na shawagi a sama, sai ya ajiye wannan hoton gefe. A 1899 doka ba ta yarda a jefa ƙwallo gaba ba. Sai 1906 aka halatta hakan. Mutum 11 ne kowane ɓangare. Ƙungiyar da ke riƙe da ƙwallo tana da dama uku ta ci gaba da yadi biyar, in ta kasa ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Wanda ya kai ƙwallo bayan layin ƙarshe ya ci maki biyar, in aka buga ta tsakanin sanduna bayan nan a ƙara maki ɗaya, bugun sanduna daga cikin fili kuma maki biyar ne.

Tunda yadi biyar kawai ake nema kuma ba jifa, dabarar da ta rage ita ce ture. A dunƙule wuri guda, a sa mai ƙwallo a tsakiya, wasu na tura shi ta baya wasu na jan sa ta gaba, a afka wa mutum ɗaya ko biyu na ɗaya ɓangaren. Hular kariya ba dole ba ce, da yawa gashi suke tarawa ya zame musu matashi. Mutanen da suka kai hari su ne kuma ke tsaron gida, ba hutu. Sannan duk wanda aka fitar daga fili ba ya komawa, shi ya sa ɗan wasa kan ɓoye ciwonsa ya ci gaba da gudu a kan ƙafar da ta gurɗe.

Haɗarin ba a ɓoye yake ba. Shekara biyu kafin wannan tafiya, a ƙarshen Oktoba 1897, wani ɗan wasan Jami'ar Georgia mai suna Richard Von Gammon, ɗan shekara 17, ya bugu a ka a karawarsu da Virginia a Atlanta, ya cika kashegari. Majalisar jihar Georgia ta zartar da dokar haramta wasan. Mahaifiyar yaron ce ta rubuta wasiƙa tana roƙon kada a yi amfani da mutuwar ɗanta a kashe abin da ya fi ƙauna, gwamna William Atkinson ya ƙi sa hannu. Duk wanda ke harkar ƙwallo a Kudu a 1899 ya san wannan labari, har da mutanen Sewanee.

Daga 1891 zuwa 1898

Wasan ya taso ne daga manyan makarantun Arewa maso Gabas. Rutgers da Princeton suka fara karawa a 1869, Walter Camp na Yale ya tsara yawancin dokokin a shekarun 1880. Kudu ta makara, don talaucin bayan yaƙi. Wani ɗalibi, Ellwood Wilson, da ya koyi wasan a Lawrenceville ta jihar New Jersey, shi ake dangantawa da kawo shi Sewanee.

Wasansu na farko ranar 7 ga Nuwamba 1891 ne, a filinsu na kan tsauni, Jami'ar Vanderbilt ta zo daga Nashville ta lallasa su 22 da nema. Bayan mako biyu suka doke Jami'ar Tennessee a Chattanooga, wadda ita ma ranar ta fara taka fili. Suka je Nashville ramuwa, Vanderbilt ta sake casa su. A 1892 reshe ya juye, Sewanee ta ci Vanderbilt gida da waje. Daga nan karawar makarantun biyu ta zama al'ada: duk shekara a Nashville, ranar bikin godiya na ƙarshen Nuwamba, ranar da ba aiki, jama'a sun ci sun ƙoshi suna neman abin kallo. A ƙarshen 1894 aka kafa ƙungiyar wasannin kwalejojin Kudu bisa jagorancin William Dudley, malamin kimiyyar sinadarai a Vanderbilt, Sewanee na cikin waɗanda aka fara da su. A 1898 ta buga wasa huɗu ta ci huɗu, har da Texas a Austin da Vanderbilt da ta sha kashi 19 da 4.

Shekara takwas ke nan daga rashin sanin yadda ake tsayuwa a fili zuwa zama gagarabadau.

Inda aka tashi baram-baram

A wancan zamani ɗalibai ne ke tafiyar da harkar wasanni da kansu. Ba kuɗin talabijin, ba kamfanin da ke ɗaukar nauyi. Albashin koci, riguna, takalma, kuɗin jirgi, duk daga ƙofa suke fitowa, ko daga kuɗin da mai masauki ya yi alkawarin biyan baƙo in ya zo. Ga makaranta irin Sewanee, wasan Nashville shi ne damina. Abin da aka samu a wannan rana guda shi ke ɗaukar kaso mafi tsoka na hidimar shekara.

A 1899 makarantun biyu suka kasa daidaitawa a kan yadda za a raba kuɗin ƙofar. Kowa ya kafe, aka fasa wasan. Vanderbilt na zaune a birni, tana da wasu wasannin da za su kawo mata jama'a. Sewanee kuwa ruwa ya ƙare wa ɗan kada.

Nauyin ya faɗo a kan manaja, Luke Lea, ɗan wani gidan masu hali na Nashville, haihuwar 1879. Lissafin da ya yi ba shi da wuyar fahimta. In jama'a ba za su hau tsauni ba, sai ƙungiya ta sauka ta bi jama'a. Texas na biyan kuɗi mai kyau, amma tana da nisa, kuɗin wasa ɗaya ba zai rufe hayar tarago da abincin mutum 21 ba. To, tunda an riga an biya kuɗin hanya, duk garin da jirgi zai ratsa a dawowa a tsaya a buga a karɓi kuɗi. Kowace rana da aka yi ba wasa kuma asara ce, ga kashe kuɗi ga rashin shiga aji. Da wannan tunani ya jera wasanni biyar daga Alhamis zuwa Talata, ya bar Lahadi kaɗai, ita ma don ba a wasa ranar Lahadi a Kudu, balle ga makarantar coci. A kakar gaba ɗaya ya shirya wasa 12 cikin mako shida, tara daga ciki a waje.

A takarda lissafin ya fita tsaf. Abin da bai shiga takardar ba shi ne kwana nawa jikin ɗan Adam ke buƙata ya warware bayan an yi awa guda ana tattake shi. Shugaban jami'ar na lokacin, Benjamin Lawton Wiggins, da malamansa ba su hana ba. Wannan nake ganin ya fi cancantar a tsaya a kai: yaro ɗan shekara 20 zai iya yin ganganci, amma akwai manya a wurin.

Kwana shida

Kafin tafiyar sun riga sun buga huɗu a ƙarƙashin sabon kocinsu Billy Suter, tsohon ɗan wasan Princeton: Georgia 12 da nema, Georgia Tech 32 da nema bayan kwana biyu, Tennessee 46, Southwestern Presbyterian 54. Ana ba da labarin cewa jirgi ya yi nisa kafin a gane an manta takalman wasa a tasha, sai da Lea ya yi ta aika saƙon waya aka biyo su da su a wani jirgin.

Alhamis, 9 ga wata, Austin. Wannan ne wasan da ya fi zafi a tafiyar, don Texas na jin haushin kashin bara. Kyaftin ɗin Sewanee, Henry Seibels, ɗan Montgomery da abokansa ke kira Diddy, ya samu tsaga a goshi, jini na zuba yana rufe masa ido. Da ya fita shi ke nan, ba dawowa. Aka toshe wurin da filasta ya koma cikin turmutsutsu, kuma shi ya kai ƙwallo bayan layi sau biyu. An tashi 12 da nema.

Daren nan suka kwana a jirgi. Juma'a a Houston suka doke Texas A&M 10 da nema. Suka sake shiga tarago, tafiyar fiye da kilomita 500 cikin dare, Asabar a New Orleans suka ci Tulane 23. Lahadi suka huta, suka kai ziyara gonar rake ta wani tsohon ɗalibin makarantarsu. Litinin a Baton Rouge suka zuba wa Jami'ar Jihar Louisiana 34. Suka kwana a hanya zuwa Memphis, Talata 14 ga wata suka rufe da Jami'ar Mississippi, 12 da nema.

Wanda ya taɓa yin dambe ko kokawa ko aikin gona mai nauyi ya san ciwon jiki ba ranar yake zuwa ba, sai an kwana. Tsoka ta ɗaure, gwiwa ta kumbura, mutum ya kasa sunkuyawa ya ɗaura takalmi. A ɗauki wannan jikin a kwantar da shi a kunkuntar gadon jirgi yana jijjiga har asuba, a tashe shi a ce ya sake shiga fili, sannan a maimaita. A nan aikin Cal Burrows yake. Bayan kowane wasa, lokacin da 'yan wasa suka zube a gadajensu, shi yake bi ɗaya bayan ɗaya yana murza cinya da kafaɗa da gadon baya, don su iya miƙewa da safe. Mutum 18, hannu biyu, dare bayan dare. Yana cikin taragon da ya ratsa Texas da Louisiana da Mississippi shekara uku kacal bayan kotun ƙolin Amurka, a 1896, ta halatta raba baƙi da farare a taragon jirgi, a shari'ar da ta taso daga Louisiana ɗin nan. Hannunsa na taɓa jikin kowane ɗan wasa, amma shi da 'ya'yan irinsa ba su da ikon zama a ajin makarantar. Sai bayan fiye da rabin ƙarni Sewanee ta fara ɗaukar baƙaƙen ɗalibai.

Sauran kaka

Da suka dawo ba a bar su sun sarara ba. Ranar 20 ga Nuwamba suka ragargaza Jami'ar Cumberland 71 da nema a gida. Ranar bikin godiya, 30 ga wata, maimakon Nashville sai suka nufi Montgomery don karawa da Auburn, wadda John Heisman ke horarwa, mutumin da babbar kyautar gwarzon ɗan wasan kwaleji ke ɗauke da sunansa a yau. Yaran Heisman ba su da nauyi amma suna da sauri, ba sa ba abokin karawa damar numfashi tsakanin hari da hari. Su kaɗai suka ci Sewanee maki a shekarar. Kowane ɓangare ya kai ƙwallo bayan layi sau biyu, bugun sanduna na ƙarin maki ɗaya ne ya raba gardama, 11 da 10. 'Yan kallo sun yi ta kutsawa cikin fili, an yi ta cacar baki da alƙalan wasa, duhu ya sa aka tsayar da wasan kafin lokaci ya cika. Heisman bai haƙura ba, ya rubuta wa jarida yana ƙorafin alƙalanci. Sewanee ta sha da ƙyar, kuma mai adalci zai ce da rana ta ƙara jimawa kaɗan, Allah kaɗai ya san yadda za a tashi.

Bayan kwana biyu, 2 ga Disamba, suka haɗu da North Carolina a Atlanta. Ba wanda ya tsallake layin wani. Bugun sanduna na Rex Kilpatrick ne ya ba su maki biyar ɗin da suka rufe kaka da su. Jimilla: wasa 12, nasara 12, maki 322, an ci su 10.

Auna nasarar

Masu ba da labarin a yau sukan jero sunayen Texas da Texas A&M da Louisiana, mai sauraro ya tuna filayensu da kowanne ke ɗaukar fiye da mutum 100,000, sai abin ya zama kamar tatsuniya. Ya kamata a mayar da shi ma'auninsa. A 1899 waɗannan makarantu su ma jarirai ne a wasan. Texas da Tulane da Louisiana da Mississippi duk a 1893 suka fara, Texas A&M a 1894, wato Sewanee ta girme su. Tulane ba ta ci wasa ko ɗaya ba a wannan shekara, Louisiana ɗaya ta ci. Yawan ɗalibai bai riga ya zama abin da ke raba babba da ƙarami ba, domin mutum 11 ake buƙata, kuma su ne za su yi wasan daga farko har ƙarshe. Makaranta mai ɗalibai 326 da ta samu jarumai 15, da koci daga Princeton, da watannin atisaye da wasu ba su samu ba, tana iya tsayawa da kowa a Kudu. Ba su kuma kara da Yale ko Harvard ko Princeton ba, waɗanda su ne manyan dawa a lokacin.

Duk wannan bai rage komai daga wahalar kwana shidan ba. Raunin abokin karawa ba ya hana gwiwarsa sauka a haƙarƙarinka. Abin da ya sa ba a sake yin irin wannan ba shi ne babu hukumar da za ta yarda a yi, kuma ta yi daidai.

Waɗanda suka biya

Ormond Simkins, ɗan Texas, shi ne ke tsaye a bayan kowa, mai dogon bugu, mai tare duk wanda ya ɓalle. Ciwon da ya kwasa a ƙafafu a shekarun wasa bai rabu da shi ba, har ya kai ga yanke masa ƙafa. Ya rasu a 1921 yana da shekara 42. Idan ana kirarin mazajen ƙarfe, shi ne shaidar cewa nama da ƙashi ne.

Wasu sun fita lafiya. Seibels ya zama ɗan kasuwar inshora a Birmingham, ya yi tsawon rai har 1967, aka sa sunansa a zauren gwarazan ƙwallon kwaleji a 1973. William Claiborne, ɗalibin tauhidin Kirista mai ido ɗaya, wanda ake cewa yakan nuna wa abokin karawa mataccen idon don ya tsorata shi, ya zama limamin coci, ya ƙare rayuwarsa yana hidimar makaranta da asibiti ga talakawan tsaunin.

Shi kuwa Lea, halin nan na ɗaukar kasada da shi ya rayu. Ya kafa jaridar Tennessean a Nashville a 1907. A 1911 ya zama sanata yana da shekara 31. A Janairun 1919, yana kanar a sojan Amurka, ya ɗebi wasu 'yan tsirarun sojoji ya tsallaka Holan ba da izini ba da niyyar kamo tsohon sarkin Jamus, Wilhelm na Biyu, abin bai yiwu ba. Bayan durƙushewar bankuna aka same shi da laifin zamba a North Carolina, ya shiga kurkuku a 1934, ya fito a 1936, daga baya aka yi masa afuwa. Wanda ya dubi rayuwarsa zai ga zare ɗaya: shiri mai girma, ƙarfin zuciya, da sauƙin mantawa da wanda nauyin zai danne.

Hausawa na cewa kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Don adalci, Lea ba aljihunsa ya cika ba, asusun ƙungiya ya cike. Amma tsarin da ya yi aiki da shi, inda makaranta ke samun kuɗi da suna daga jikin ɗalibin da ba a biya, shi ne ya zama ginshiƙin wasannin kwaleji a Amurka sama da shekara ɗari. A 1905 jaridu suka ƙirga mutuwar 'yan wasa 18 a kaka guda, shugaba Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton fadarsa, aka sauya dokoki a 1906, aka kafa hukumar kula da wasannin kwalejoji, wadda aka sauya mata suna zuwa NCAA a 1910. Wannan ya rage mace-mace. Maganar kuɗi kuwa sai a 2021 aka bar ɗalibi ya ci moriyar sunansa da hotonsa, sai a 2025 kotu ta amince makarantu su riƙa biyan 'yan wasansu kai tsaye.

Yadda kuɗin ƙofa ya juya mata baya

Sewanee ta ci gaba da tashe na ɗan lokaci, har ta sake zama zakaran Kudu a 1909. Amma wasan ya soma sauya kama. Aka sassauta dokar canji, ƙungiya mai 'yan benci da yawa ta samu fifiko. Jami'o'in jihohi suka cika da dubban ɗalibai, suka gina filayen siminti a shekarun 1920, suka fara zawarcin 'yan wasa da tallafin karatu. Kuɗin ƙofar da Lea ya bi har Texas yanzu ya tattara a hannun masu birni da masu jama'a, tsauni kuwa yana nan yadda yake, ba kowa.

A Disambar 1932 makarantu 13 suka kafa gasar Kudu maso Gabas, wadda a yau take cikin mafi arziki a wasannin kwaleji. Aka sa Sewanee a ciki, albarkacin tsohon suna. Daga 1933 zuwa 1940 ta buga wasa 37 a gasar, ba ta ci ko ɗaya ba. Yawanci a gidan abokan karawa take zuwa ta sha kashi, don a can ake samun kuɗin da za a riƙe ƙungiya. Lissafin 1899 ne dai aka ci gaba da yi, sai dai yanzu ba nasarar da za ta lulluɓe shi.

Alexander Guerry, wanda ya karɓi shugabancin jami'ar a 1938, shi ya yanke shawarar da magabatansa suka yi ta kaucewa. Ya fitar da Sewanee daga gasar a 1940, aka kuma daina ba da tallafin karatu don wasa. A ganina wannan mataki ya fi na Lea wuya, domin tsofaffin ɗalibai da suka girma da labarin mazajen ƙarfe ba su so a ce makarantarsu ta sauka daga sahun manya ba.

Yau Sewanee na wasa a rukuni na uku na NCAA, inda ba a ba ɗalibi tallafin karatu saboda ƙwallo. Ɗalibanta ba su kai 2,000 ba, maza da mata tun 1969. A 2017 ta buɗe wani shiri na binciken alaƙarta da bauta da wariyar launin fata, wanda ke tono sunayen baƙaƙen da suka yi wa makarantar aiki tun kafuwarta. Filin da Vanderbilt ta ci su 22 da nema a 1891 yana nan, shi ne mafi daɗewa da ake amfani da shi a Kudu, kuma a kansa suke buga wasanninsu na gida duk ranar Asabar ɗin kaka.